Wasiƙar Godiyar Nadine Holub

Nadine Holub ta shekara shida tana hawa sikeli duk ranar Litinin kafin a bar ta ta hau jirgi. Sikelin yana bayan ƙofa a ofishin kamfanin da ke filin jirgin Chicago, Mis Ostrander, shugabar 'yan matan jirgi, tana tsaye a kansa da biro da littafi. Laba ɗari da ashirin da takwas aka yanka wa Nadine saboda tsayinta. In ta haura da biyu a yi mata gargaɗi, in ta haura da biyar a zaunar da ita a gida sai ta rame. Bayan sikeli sai Mis Ostrander ta taɓa ƙugun yarinya da bayan hannu ta ji ko ta ɗaura abin matse ciki, sannan ta duba farce da jan baki da farar safar hannu. Matuƙan jirgin kuwa, da tumbinsu da sanƙonsu da 'ya'ya biyar-biyar a gida, ta bakin ƙofar suke wucewa suna busa sigari, ba wanda ya taɓa tambayarsu nauyinsu.

A gaskiya duk wannan bai dame ta ba a lokacin. Yarinyar da ta tashi a ƙauyen Nebraska, inda in ka tsaya a ƙofar gida ba abin da za ka gani sai masara har idonka ya gaji, ta samu aikin da za ta karya kumallo a Chicago ta ci abincin rana a Denver. Son aikin take tsakani da Allah. Ta iya tafiya da butar gahawa cike jirgi yana tangal-tangal ba ta zubar da ko ɗigo ba. Ta iya lallashin tsohuwar da ta rirriƙe kujera tana addu'a, ta iya cire hannun ɗan kasuwa daga ƙugunta tana murmushi har ya ɗauka shi ya janye don kansa. Sau ɗaya tayar jirgi ta ƙi fitowa suka sauka a kan ciki, ita ta fitar da mutum arba'in da ɗaya ta ƙofar baya, ba takalmi a ƙafarta. Kamfanin ya aiko mata da takardar yabo, Mis Ostrander kuma ta tuna mata cewa a hoton da aka ɗauka gashinta ya wuce wuyan riga.

Akwai sharuɗɗa biyu a takardar da ta sa wa hannu ranar da aka ɗauke ta: ranar da ta cika shekara talatin da biyu aiki ya ƙare, ranar da ta yi aure ma ya ƙare. Tana 'yar ashirin da ɗaya a lokacin, ba ta da saurayi ko na ƙarya, sai ta sa hannu tana dariya. Ba ta san da Gordon Tesch a duniya ba, wani malamin lissafi shiru-shiru da zai shekara yana raka ta tashar bas kafin ya iya buɗe baki ya faɗi abin da ya kawo shi.

A watan Afrilun 1966 suka tuƙa mota zuwa Indiana, wani alƙalin ƙauye ya ɗaura musu aure cikin minti goma. Shaidu biyu ne, matar alƙalin da Bernie Fallon, abokiyar aikin Nadine, wata doguwa mai baki kamar reza. Washegari amarya ta tashi zuwa Denver da sunanta na gidan ubanta.

Matan jirgin da suka yi auren ɓoye duk sun san dabarar, tarho biyu ake sawa a gida. Baƙi na kowa ne. Fari na kamfani ne, don kowane lokaci suna iya kira su ce an canza miki jirgi, in kuwa suka ji muryar namiji to kashinki ya bushe. Gordon ya manna takarda a jikin farin ya rubuta wa kansa gargaɗi. In ya yi ƙara Nadine tana wanka, sai ka gan shi tsaye a kansa hannuwa a baya yana ihu.

"Nadine! Maigidanki na kira!"

"Kar ka taɓa! Ina zuwa!"

"Ni na isa? Ni da nake ɗan haya a gidan nan?"

Suka yi shekara biyu a haka, suna dariyar abin. Wadda ba ta ga abin dariya ba ita ce Irma Holub, uwar Nadine.

Duk wanda ya tashi a ƙauyukan Nebraska ya san aure bai zama aure ba sai ya fito a jaridar ranar Alhamis. Hoton amarya, irin leshin rigarta, wa ya riƙe furanni, hawa nawa ne kek ɗin, duk sai an buga, mata su yanke su ajiye. Irma ta shekara talatin tana karanta na 'ya'yan wasu. Nata ya zo, ba coci, ba Fada, ba hoto, kuma an ce ta yi shiru. Da shirun ne kawai da ta daure. Sai ɗan wata maƙwabciya ya je Chicago ya dawo da labarin ya ga Nadine da wani ƙato sun shiga ƙofa ɗaya da kayan cefane. Kafin mako ya zagayo, a shagon gyaran gashi an gama yanke hukunci cewa 'yar Irma zaman dadiro take yi. Irma tana shiga shagon sai hira ta mutu.

"Mama, don Allah ki rufa mini asiri," in ji Nadine a waya. "Su faɗi abin da suka ga dama. Ni da ke mun san gaskiya."

"Ke kina can sama, ni nake ƙasa da su. Ranar Lahadi a coci Misis Vavra ta riƙe hannuna ta ce tana sa ki a addu'a. Addu'a, Nadine! Kamar wadda ta mutu."

"Mama, aikina ne zai tafi."

"Wa zai karanta jaridarmu a Chicago? Guda ɗari takwas ake bugawa, rabi ma ƙwai ake naɗewa da su."

"Ki yi mini alkawari."

"Na ji," in ji Irma, wanda ba alkawari ba ne. Alhamis ta sama sanarwar ta fito, da hoton Nadine cikin kayan aiki da hularta, da sunan ango da ranar ɗaurin aure.

Bayan mako uku, a watan Maris na 1968, Nadine tana jirgin Omaha zuwa Chicago. Ranar Mis Ostrander ta shigo duba aiki, ta zauna a kujerar ƙarshe da littafinta a cinya. A layi na tara akwai Mista Pospisil, dillalin irin masara na garinsu, mutumin kirki amma kurma-kurma, shi ya sa duk maganarsa ihu ce. Nadine ta sunkuyo za ta zuba masa gahawa, ya ɗago ya gane ta.

"Kai! 'Yar Irma! Amarya da kanta!"

"Barka da rana, ranka ya daɗe. Da madara ko babu?"

"Ashe aure kika yi shekara biyu kika ɓoye mana? Ja'ira! Tsaya, tsaya, matata ta yanko ta ce in nuna wa ƙanwarta." Ya zaro walat, ya warware 'yar takardar jarida ya ɗaga sama yana nuna wa na kusa da shi. "Kun gan ta nan? Misis Gordon Tesch! A hannuna ta girma!"

Fasinjoji suka tafa mata. Wata mata ta ce Allah ya ba da zaman lafiya. Nadine ta yi murmushi ta gode wa kowa, ta gama zuba gahawar layi na tara da na goma har zuwa na ƙarshe, inda Mis Ostrander ta rufe kofinta da tafin hannu ta ce, "Gobe ƙarfe tara, a ofis."

A ofis ba a yi faɗa ba. Mis Ostrander ta rufe ƙofa ta ce, "Hanya biyu ce, Nadine. In na rubuta abin da na ji jiya, kora ce, kuma za a sa a fayil ɗinki cewa kin shekara biyu kina yi wa kamfani ƙarya. Ko shagon sayar da safa ba zai ɗauke ki ba. In kuwa kika ajiye aiki da kanki, ban ji komai ba, ban ga komai ba, in ba ki takardar shaida mai kyau. Taimakonki nake yi, don kina cikin waɗanda na fi ji da su."

Nadine ta sa hannu. Ta cire 'yar alamar fuka-fukin da ke ƙirjinta ta ajiye a tebur, ta fita ba ta yi kuka ba sai da ta kai tashar bas.

Da a nan ta tsaya da sauƙi. Amma Irma ta raini 'yarta a kan cewa duk wanda ya yi miki alheri, ko kwalbar zuma ya kawo, kafin kwana uku ki rubuta masa wasiƙar godiya da hannunki, a takarda mai kyau. Kuma ba a rubuta ɓacin rai a wasiƙar godiya. Ranar ta uku Nadine ta zauna a teburin kicin idanunta a kumbure, ta rubuta wa Mis Ostrander da kamfanin cewa shekara shidan nan su ne mafi daɗi a rayuwarta, tana godiya da irin riƙon da aka yi mata, yanzu kuma ta bar aiki da farin ciki don ta riƙe gidanta, wanda shi ne burin kowace mace. An kore ta, ta bi su da godiya har da tambarin gidan waya na kuɗinta. Ba wanda ya sa ta, wannan ne abin da ke ƙona rai.

Bayan wata takwas kamfanin ya soke dokar aure da ta shekara talatin da biyu, don hukuma ta fara matsa wa kamfanonin jirgi lamba. Nadine ta ji labari ta buga wa kamfanin waya. Wata murya mai daɗi ta ce mata waɗanda suka ajiye aiki da kansu ba sa cikin lissafi, amma an gode da ta kira. A lokacin tana da ciki. Ta haifi 'yarta Corinne a watan Fabrairu, daga baya ta samu aikin karɓar baƙi a wurin wani likitan haƙori, inda take yini tana kallon bango ɗaya. In jirgi ya wuce ta saman unguwar tana iya faɗin inda ya nufa daga lokacin da ya wuce.

Bernie Fallon ce ta fito da ita. Ita Bernie da ta yi nata auren, wata biyu bayan tafiyar Nadine, ta shiga ofis da zobenta a hannu, aka miƙo mata takardar ajiye aiki ta ce su jiƙa su sha, aka kore ta, ta kai ƙara. Wata rana ta faɗo kicin ɗin Nadine da sigari a baki.

"Ke, tashi. Kin zauna kina kiwon baƙin ciki kamar kaza a kan ƙwai. Na samo lauya, mace ce, Miriam Sobel. Ta ce ƙarar ba tawa ni kaɗai ba ce, ta duk wadda dokar nan ta fitar ce. Amma sai mun kawo sunaye, kamfani ya ce shi bai ajiye ba."

"To a ina za mu same su?"

"Abin da ya kawo ni ke nan, uwar tsari. Duk sun shige ƙarƙashin sunayen mazajensu. Ka buɗe littafin tarho, ba mace ko ɗaya, sai Mista wane da Mista wane. Kamar ƙasa ta haɗiye su."

Nadine ta ce, "Uwayensu sun sa a jarida."

Haka ta samo su. Tana da hotunan yaye ɗalibai na makarantar kamfanin, da sunan kowace yarinya da garinsu. Ta sayi tsohon keken rubutu ta dinga aika wasiƙu zuwa ƙananan jaridun Iowa da Kansas da Dakota da Ohio tana tambayar wa 'yar wane ta aura. Ba editan ƙauyen da ba ya son a tambaye shi wannan. Duk wadda ta samu sai ta yi mata kati: sunan gida, sunan aure, lambar waya, ranar da ta bar aiki. Katunan suka cika kwalin takalmi ɗaya, suka cika na biyu, har suka kai bakwai, mace dubu ɗaya da ɗari da arba'in. Wasu mazan su suke ɗaukar waya su ce matarsu ba ta da lokacin shirme. Nadine ta koyi kira da ƙarfe goma na safe, lokacin da maigida ya fita.

A watan Agustan 1970 da mata suka fito zanga-zanga a tsakiyar Chicago, ta fito da Corinne a keken jarirai da kwali a hannu. Wani mutum a bakin titi ya ce mata ta koma gida ta yi guga. Bernie ta ce masa ya cire wandon ya kawo yanzu a goge masa a jikinsa. Irma ta ga taron a talabijin ta bugo waya ta ce an kunyata ta karo na biyu. Har ta rasu bayan shekara tara ba ta taɓa cewa ta yi kuskure ba. Abin da take cewa shi ne, "Ni dai na wanke sunanki."

Shari'ar ta ci shekara goma sha huɗu. A ci nasara, kamfani ya ɗaukaka ƙara, a dawo, a sake tafiya. Alƙali ɗaya ya yi ritaya, ɗaya ya mutu. Corinne ta yi wayo ta shiga sakandare, Gordon ya yi furfura, ya saba da cin abinci a gefen kwalaye. Nadine kuwa ba ta bar jikinta ya ƙara ko laba ɗaya ba, don ranar da za a kira ta kada a samu abin cewa. Tun tana ƙidaya shekarun da za ta yi a sama in ta koma, har ta daina ƙidayawa, amma ba ta taɓa daina shirin komawa ba.

A ƙarshe kotu ta ce dokar haramtacciya ce, a mayar da matan bakin aiki. Sai dai kowace sai ta zo da kanta gaban wani jami'in da kotu ta naɗa, ta nuna cewa dokar ce ta fitar da ita ba ra'ayinta ba. Nadine ce ta shirya su, ɗaya bayan ɗaya a waya: ki sa kaya masu duhu, kar ki yi murmushi da yawa, kar ki ce ba komai. Sai da ranarta ta matso ta gaya wa Lauya Sobel zancen wasiƙar. Sobel ta cire tabarau ta daɗe tana murza ido.

"Wa ya san abin da ya faru a jirgin nan?"

"Mista Pospisil, ya rasu. Sai Mis Ostrander."

"To je ki same ta."

Mis Ostrander ta yi ritaya, tana zaune ita kaɗai a wani ɗan gida a hawa na shida, bangon cike da hotunan 'yan matan da ta yaye. Ta tsufa amma bayanta a miƙe yake. Ta dubi Nadine daga sama har ƙasa ta ce, "Har yanzu kin iya tsayuwa." Ta kawo shayi.

"Roƙo na zo yi, ranki ya daɗe. Jirgin Omaha, watan Maris, shekarar sittin da takwas."

"Na tuna. Kurman nan mai takardar jarida."

"To ki faɗa musu haka. Magana biyu ce kawai."

"Ba zan faɗa ba."

Nadine ta ajiye kofi. "Me na yi miki?"

"Ba ki yi mini komai ba. A shekarar arba'in da tara akwai wani mai neman aurena, ba sai na faɗi sunansa ba. Ya ba ni wata guda in zaɓa, shi ko aiki. Na zaɓa. Ban tsallaka Indiana ba, ban sa tarho biyu ba, doka ta ce ɗaya na ɗauki ɗaya. Ku kuka haɗa biyu, yanzu kuna so in tashi da tsufana in rantse cewa dokar banza ce tun farko. In banza ce, ni me na yi da rayuwata?"

"Ai ke ma an cuce ki."

"Kar ki zo gidana ki gaya mini an cuce ni." Muryarta ba ta tashi ba. "Sha shayinki, zai huce."

Nadine ta sauko hawa shidan nan da ƙafa don ba ta so a gan ta a cikin lif. Ta so ta tsani matar, abin ya ƙi, wannan ya ƙara mata haushi.

An saurare ta a watan Janairun 1983, a wani ɗan ɗaki mai tebur ɗaya. Lauyar kamfanin mace ce, Kimball, yarinyar da ba ta fi ashirin da tara ba, da zoben aure a hannunta da jakar fata mai tsada. Lokacin da Nadine ke tura keken jarirai a zanga-zanga, wannan tana 'yar makaranta. Ta buɗe fayil ta zaro takarda mai launin ruwan madara, ta karanta wasiƙar daga farko har ƙarshe, da murya mai kyau.

"Misis Tesch, rubutunki ne?"

"Nawa ne."

"A ofis aka sa ki kika rubuta?"

"A'a, a gida."

"Wani ya ce ki rubuta?"

"Ba wanda ya ce."

"Kin ce kin bar aiki da farin ciki. Ƙarya kika yi?"

"Ladabi na yi. Haka ake rubutawa a garinmu."

"Shekara biyun da kika yi kina sa hannu cewa ba ki da aure fa, shi ma ladabi ne?"

Sobel ta yi tsalle ta ce ba ta yarda da tambayar ba, jami'in ya ce a ci gaba.

"Ga abin da fayil ya nuna," in ji Kimball. "Kin yi aure, kin ci gaba da tashi shekara biyu, dokar ba ta taɓa ki ba. Babu gargaɗi, babu tuhuma, babu ko layi ɗaya da ya ce an gano ki. Kin tafi ranar da kika ga dama, kin rubuto cewa gidanki za ki riƙe, bayan wata goma sha ɗaya kika haihu. A ina dokar ta shigo?"

Nadine ta ba da labarin jirgin Omaha, da dillalin masara, da tafin fasinjoji. Tana faɗa tana jin yadda labarin yake kama da ƙirƙira. Jami'in ya rubuta wani abu gajere. Da aka tashi Kimball ta riƙe mata ƙofa, ta ce cikin ladabi ta ji an ce ita ce ta tattaro matan nan duka, aiki ne babba.

Takardar ta zo a watan Yuni. Mace ɗari huɗu da goma sha biyu aka yarda su koma, Bernie na ciki. Game da Nadine Tesch layi uku ne: ba ta kawo hujjar da ta rinjayi abin da ta rubuta da hannunta ba. Ta karanta a tsaye a bakin akwatin wasiƙu, ta shiga gida ta zauna. Gordon ya karanta, ya je ya tsaya a taga. Ita dai ba ta yi kuka ba. Tana da shekara arba'in da biyu, kuma ta san babu wata kotu a gaba.

Washegari da safe Sobel ta bugo. Ta yi ta kewaye-kewaye kafin ta faɗi abin da ke bakinta. Kamfanin ya ba da kwana talatin, duk wadda ba ta amsa cewa tana so ba gurbinta ya faɗi. Adireshin da ke kotu rabi sun tsufa, mata sun yi ƙaura, wasu sun sake aure sun sake suna. Mutum ɗaya ce ke da lambobin da ke aiki.

"In ba za ki iya ba, wallahi zan fahimta, Nadine."

"Wa zai iya in ba ni ba? Turo mini sunayen."

Ta ɗauki hutun mako biyu a wurin likitan haƙori, ta jera kwalayen a teburin kicin ta fara. Wasu suka ƙwala ihu har sai ta janye wayar daga kunne. Wata ta ajiye wayar ta tafi kiran mijinta ta manta da ita a layi. Kusan kowace sai ta tambaya, "Ke wane rukuni aka sa ki? Mu haɗu a wurin awon kayan aiki mana." Nadine takan ce ita nata da saura, ta wuce ta gaba. Bernie da aka kira ta zage-zage ta yi ta yi, ta zagi Kimball, ta zagi jami'in, ta zagi Irma a kabarinta, sannan ta fashe da kuka ta ce ba za ta koma ba in ba Nadine. Nadine ta ce mata in ta kuskura ta ƙi komawa kada ta sake taka mata gida.

Rana ta shida da hantsi ta kai kan Marlys Engstrom ta Duluth, wadda sai da ta yi mata wasiƙa huɗu a shekarun baya kafin ta amsa.

"Marlys, Nadine ce. Kin ci. Sun ce ki koma."

"In koma ina? Jirgi?" Marlys ta yi dariya. "Ke 'yar nan, rufa mini asiri. Da wannan gwiwar tawa? Ni fa kunyarki na ji na je wurin jami'in kotun nan, don kin dame ni. Tun can ma ban son aikin, ƙafafuna kumbura suke yi. Ga maigidana Don ya buɗe shago na biyu, ga jika na hanya."

"Kwana talatin suka bayar. Ki yi tunani."

"Ba wani tunani. Ke an sa ki a wane gari?"

"Ba a ɗauke ni ba."

"Ke? Kai, amma ba su kyauta ba. To ai shi ke nan, ki ɗauki nawa. Na ba ki, wallahi, da zuciya ɗaya."

"Ba a bayarwa, Marlys."

"To sai ya lalace ke nan?"

"Sai ya lalace."

"Kash. To Allah ya sa haka ya fi alheri. Bari in je, na bar wake a kan wuta."

Nadine ta riƙe wayar tana jin ƙarar layin da ya katse. Ta ɗauki biro ta rubuta a katin Marlys cewa ba ta so, ta mayar da shi kwali. Saura mace ɗari biyu da shida. Ta sha ruwa, ta gyara murya, ta buga lamba ta gaba. Aka ɗauka a ƙara ta uku.

"Barka da hantsi," ta ce. "Nadine Tesch ce daga Chicago. Albishirinki."